Hukuncin Mayar da Tsohon Littafi Mai Ce-ce-ku-ce Fim Ɗin Barkwanci

Tambaya

Assalamu alaikum. Allah ya gafarta Malam, ni ɗalibi ne a sashen Larabci na wata jami'a a Kano, ina aji uku. Ni da abokaina huɗu muna haɗa gajerun finafinan barkwanci na minti biyar zuwa bakwai, muna sawa a YouTube da TikTok, kuma da ɗan abin da ke shigowa nake biyan kuɗin makaranta. Bana muka yi shawarar mu riƙa ɗauko tsofaffin littattafan da aka daɗe ana jayayya a kansu, mu mayar da su abin dariya a unguwa irin tamu. Mun zaɓi biyu. Na farko Ruwan Bagaja, wurin da Alhaji ya kunyata Malam Zurƙe a gaban mutanen gari, sai wani daga cikinmu ya ce cin mutuncin malamai ne. Na biyu Auladu Haratina na Najib Mahfuz, wanda muka ji labarinsa a darasin adabi. Daraktanmu ya ce littafin kansa za mu yi wa dariya don a ga rashin darajarsa, ya kuma kawo ƙa'idar nan cewa mai hakaito kafirci ba kafiri ba ne. Ni aka ba wa rol ɗin Ƙasim, makiyayin da ya auri hajiya mai kuɗi. Har mun ɗauki fitowa biyu, amma ba mu saki ba. Tun ranar zuciyata ba ta kwanta ba. Mene ne hukuncin wannan aiki da kuɗinsa? Mahaifiyata ma ba ta san ina wannan sana'a ba.

Amsa

Wa alaikumus salamu wa rahmatullahi wa barakatuhu. Godiya ta tabbata ga Allah, tsira da aminci su tabbata ga Manzon Allah da alayensa da sahabbansa.

Ɗana, Allah ya yi maka albarka da ka yi tambaya tun bidiyon yana hannunku. Rashin kwanciyar zuciyar da kake ji, kada ka yi masa magani da hujjojin darakta, domin shi ne abu mafi lafiya a cikin wasiƙar nan taka.

Ka ɗaure littattafai biyu da igiya ɗaya, alhali hukuncinsu ya sha bamban. Jayayya ita kaɗai ba ta haramta littafi. Ihya'u na Imam Gazali ma sai da aka ƙona shi a Andalus zamanin Murabiɗai, yau ga shi ana karanta shi a zaurukanmu. Abin dubawa shi ne a kan me aka yi jayayyar, sannan idan aka zo fim ɗin barkwanci, wa za a yi wa dariyar. Amsar kuwa tana cikin jimlar da ka jefa kusa da ƙarshe kamar ba komai ba: an ba ka rol ɗin Ƙasim.

Kai ɗalibin adabin Larabci ne, ka san wane ne Ƙasim. Mahfuz ya fara fitar da labarin kashi-kashi a jaridar Al-Ahram a 1959, malaman Azhar suka yi masa ca, aka hana buga shi littafi a Masar. A Bairut ya fito a 1967, kuma bai sami bugun Masar ba sai 2006, shekarar da marubucin ya rasu. Labarin wani tsoho ne, Jabalawi, mai babban gida da wakafi, da ya kori ɗansa Idris don ya ƙi yarda a fifita ƙaninsa Adham. Daga baya Adham ma aka kore shi da matarsa saboda sun leƙa abin da aka hana su, sannan ɗansa guda ya kashe ɗan'uwansa. Sai Jabal mai wasa da macizai, wanda ya ƙwato wa danginsa 'yanci. Sai Rifa'a ɗan kafinta. Sai Ƙasim, maraya da ya tashi a hannun baffansa, ya yi kiwo, ya auri Ƙamar, bazawara mai dukiya, yana da amini ana ce masa Sadiƙ, ya yi ƙaura da mutanensa zuwa dutse, ya dawo ya ci unguwar. Babin littafin kuma 114. Yaron da ya yi shekara biyu a Islamiyya aka karanta wa wannan, zai gaya maka sawun wa aka bi. "Hajiya mai kuɗin" da kuka shirya za ta riƙa yi wa mijinta tsiya a gaban kyamara, inuwar Nana Khadija ce, Allah ya ƙara mata yarda. Makiyayin da za ka saka rigarsa kuma, ba sai na faɗa ba.

Don haka wannan fim haramun ne: shirya shi, fitowa a cikinsa, tace shi, sakinsa, da cin kuɗinsa. Fitowa a matsayin wani Annabi ko da cikin girmamawa ne, Azhar da majalisar fiƙihu ta Rabiɗa, ƙungiyar Musulmin duniya da ke Makka, sun hana, balle a yi da barkwanci. Ayoyin Suratu Tauba kan waɗanda suka ce "wasa kawai muke yi" a hanyar Tabuka kuwa ka haddace su, ba sai na karanto maka ba.

Inda zan daɗe shi ne maganar daraktanku, don ba shi kaɗai ke riƙe da ita ba. Na sha jin ta a bakin matasa masu ilimi da kyakkyawar niyya, kuma tana da kamar gaskiya.

Ƙa'idar da ya kawo gaskiya ce a muhallinta. Alƙur'ani da kansa ya hakaito maganar Fir'auna. Mai shaida yana maimaita mummunar kalma a gaban alƙali, malami yana karanto shubuha a aji don ya rushe ta. To amma ka duba lafazin ƙa'idar da kyau: kafirci ta kore, ba ta kore zunubi ba. Tsakanin "bai kafirta ba" da "ya halatta" akwai tafiya mai nisa, kuma daraktanku ya tsallake ta da taku ɗaya. Ka tambaye ni ko aikin ya halatta, shi kuwa ya ba ka amsar ko zai fitar da kai daga Musulunci.

Wannan mas'ala ba sabuwa ba ce. Alƙali Iyal, wanda ya rasu a shekara ta 544 bayan Hijira, ya ware mata wuri a ƙarshen Ashafa, littafin da ake karantawa a masallatanmu duk watan azumi, sai dai galibi ba a tsayawa a kan wannan ɓangaren. A fuska ta shida daga cikin fuskokin da ya kasa mas'alar, ya yi magana kan wanda ya faɗi kalmar tauye darajar Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, yana mai hakaitowa daga wani. Ya ce ana duba yanayin hakaitowar da manufarta, hukuncin yakan zama wajibi, ko mustahabbi, ko makaruhi, ko haramun. In don ba da shaida ne, ko gargaɗin jama'a, ko raddi, abin yabo ne. Amma hakaito shi a matsayin labarin hira, da abin taɗin dare, da abin ba wa shashashai dariya, ya ce duk wannan an hana, wani sashe ma ya fi wani muni. Kamar yana kallon TikTok ya rubuta. A nan ya kawo labarin mutumin da ya tambayi Imam Malik game da mai cewa Alƙur'ani halitta ne, Malik ya tsananta masa, mutumin ya ce ai maganar wani nake hakaitowa, Malik ya ce mu dai daga bakinka muka ji. Alƙali Iyal ya bayyana cewa tsawatarwa ce Malik ya yi, bai zartar masa da hukunci ba. Amma ka riƙe amsar, don ita mai kallo zai ba ka: mu dai fuskarka muka gani.

Sannan ɗan wasa ba mai hakaitowa ba ne tun asali. Mai hakaitowa yana tsayawa a gefe ya ce "wane ya ce kaza", ya bar maganar a wuyan mai ita. Ɗan wasa kuwa shiga rigar yake yi, ya ara wa mutumin fuskarsa da muryarsa da tafiyarsa. Kuma a naku lamarin akwai abin da ya fi wannan. Littafin Mahfuz ba na dariya ba ne, littafi ne mai nauyi, cike da zalunci da baƙin ciki, kuma Ƙasim a cikinsa gwarzo ne mai adalci, ba wawa ba. Ke nan duk wata dariya da za ta fito a fim ɗinku, ku kuka ƙirƙire ta. Santsin da Ƙasim zai yi ya faɗa kwata, marin da hajiya za ta kwaɗa masa, raba idon da zai yi in an tambaye shi kuɗin cefane, babu ko ɗaya a littafin. Me kuka hakaito ke nan? Abin da ya sa Azhar ta tashi a 1959 shi ne an siffanta Annabawa da mutanen unguwa. Ku kun ɗauki wannan, kun ɗora masa wanda marubucin bai yi ba.

Ya ce littafin za ku yi wa dariya. To ta yaya? Kai ka fi ni sanin sana'arka: dariya sai da fuska. Kyamara ba ta iya ɗaukar "littafi" yana jin kunya, mutum take ɗauka. Mai kallo yana kwance da wayarsa, bai taɓa jin sunan Mahfuz ba, abin da ke gabansa makiyayi ne da ake ci wa fuska, shi zai yi wa dariya. Ran da wani ya gaya masa wanda makiyayin yake wakilta, sai ya gane kun sa shi ya yi wa Annabinsa dariya bai sani ba. Wanda ya sani tun farko kuma yana da cuta a zuciya, kun ba shi abin da bai isa ya yi da kansa ba. Niyyarku tana cikin ƙirjinku, ba ta bin bidiyo. Gobe wani zai yanko daƙiƙa talatin ya watsa a WhatsApp, babu gabatarwa, babu bayanin da kuka rubuta a ƙasa, sai fuskarka kaɗai. Ƙari a kan haka, mutum nawa ne a Kano ko Zinder suka san da wannan littafi in ka cire ɗaliban adabi? Ku ne za ku tono shi ku yi masa talla da harshen Hausa, da sunan kuna rage masa daraja. Garin neman gira ke nan a rasa ido.

Akwai hujjar da ta fi wadda daraktanku ya kawo ƙarfi, bari in kawo masa ita da kaina. Zai iya cewa Mahfuz ya musanta cewa ya nufi cin mutuncin addini, kuma akwai Musulmi masana da suka karanta littafin a matsayin kuka kan zalunci da neman adalci, har bugun 2006 ya fito da gabatarwar Ahmad Kamal Abul Majd, wanda sananne ne a fagen tunanin Musulunci a Masar. Saboda haka Ƙasim mutumin labari ne kawai. Amsa ita ce, ni ba na yanke hukunci kan zuciyar marubucin, ya riga ya isa ga Ubangijinsa. Amma ka lura da yadda masu kare shi suke kare shi: cewa suke ya nuna waɗannan mutane a matsayin masu ceton raunana, wato ya girmama su. Ba su ce Ƙasim ba ya nuni ga kowa ba. Masu suka da masu kariya duk sun haɗu a kan nunin, sun rabu ne kan ko nunin girmamawa ne ko tauyewa. Fim ɗinku kuwa ya raba gardamar, ya mayar da shi tauyewa ƙarara. Batun cewa ba a ambaci suna ba kuma, Bahaushe ya fi kowa sanin habaici. Matar da ke zagin kaza a tsakar gida kishiyarta na ji, babu wanda ke zaton da kaza take. A mazhabarmu ta Malikiyya, wanda ya yi wa mutum ƙazafi da habaicin da ake ganewa ana yi masa haddi kamar wanda ya fito fili, kuma Malik ya kawo hukuncin Sayyidina Umar a kan haka a cikin Muwaɗɗa. In an tsare mutuncin talakan gari daga habaici, ina ga mutuncin Annabawa?

Wataƙila su ce to a canza sunayen zuwa na Hausa. In abin da kuke so shi ne labarin gadon da masu kula da shi suka cinye, 'yan daba suna tsare musu, wannan labari yana kowace unguwa, ku rubuta naku, babu marayan makiyayi, babu ɗan kafinta, babu mai macizai, babu jerin nan, babu sunan littafin. Wannan halal ne, sai dai ya daina zama Auladu Haratina. Ka gwada daraktanku da wannan. In ya yarda, alhamdu lillahi. In ya ce ai sunan littafin ne zai jawo 'yan kallo, to ka san abin da ake sayarwa.

Yanzu kai. Ban ce ka kafirta ba, kuma kada Shaiɗan ya buɗe maka ƙofar waswasi. Ka shiga da tawilin da aka kawo maka, zuciyarka tana ƙi, ka tsaya, ka tambaya. Ka yi istigfari, ka yawaita salati, ka janye daga rol ɗin yau ba gobe ba. Fitowa biyun nan a goge su a gabanka, daga katin kyamara, da kwamfutar mai tacewa, da wayar duk wanda aka tura wa. Kada ka yarda da "a ajiye don tarihi". Abin da aka ajiye a waya yana da ƙafa. Kuɗin hayar kayan aiki da ya tafi, ku raba asarar. Abin da ka samu a baya daga finafinan da babu saɓo a cikinsu halal ɗinka ne, ka ci gaba da biyan kuɗin makarantarka.

Ga kuma gargaɗin da ba ka nema ba. Kada ka fita da wannan magana waje da sunan daraktanku, ko a masallaci, ko a zauren 'yan ajinku, ko da kun yi faɗa. Ka san ƙasar da muke ciki: kalmar ɓatanci in ta fita, sau da yawa rai yakan tafi kafin a kai ga alƙali, kuma wannan ɗaukar doka a hannu haramun ce, jinin yana kan wanda ya zubar da wanda ya hura wutar. Shi kansa Mahfuz, a 1994 wani saurayi ya daɓa masa wuƙa a wuya yana tsoho mai shekara 82, hannunsa na dama bai koma daidai ba har ya rasu, kuma an ruwaito cewa saurayin bai ma karanta littafin ba. Shehu Muhammad Gazali na Masar, wanda yana cikin malaman da suka soki littafin, ya je asibiti ya duba shi. Hanyar malamai ke nan: a yi raddi da alƙalami, hukunci a bar wa mai hukunci. Abokinka kuskure ya yi a tawili, ka kira shi gefe ka karanta masa wannan amsa. Ku kanku, da kun saki bidiyon nan, da ba ku kwana a gidajenku ba.

Ruwan Bagaja kuwa ban ga laifi ba. Na san akwai malaman da suka haramta wasan kwaikwayo ɗungurungum, kamar Shehu Bakar Abu Zaid, suna ganin ƙarya ce. Ni ina tare da masu halattawa, domin mai kallo ya san misali ake bugawa, kuma hadisin azaba ga mai ƙarya don ya ba mutane dariya yana kan wanda ya ba da ƙarya a matsayin gaskiya. Malamanmu na zaure sun shekara ɗaruruwa suna karantar da Muƙamar Hariri, alhali labaran Abu Zaidis Saruji, mayaudarin da ke cikinta, ƙagaggu ne. Abubakar Imam ya rubuta Ruwan Bagaja don gasar da aka shirya a Zariya a 1933, aka buga a 1934, kuma mai karatu yana jin ƙamshin irin waɗannan labaran Larabawa a ciki.

Ka auna shi da ma'aunin da muka auna na farko. A wurin da kuka zaɓa, Alhaji jahili ne da ya yi shigar malanta a garin da ba su san komai ba. Ya zana wata 'yar lanƙwasa a ƙasa, Malam Zurƙe mai karatun gaske ya yi ta kiran sunayen haruffa, Alhaji ya ce jinjirin wata ne, mutanen gari suka yarda da shi suka kori mai ilimin. Dariyar a kan jahilci take, da jama'ar da ke auna malami da yawan surutu. In kun yi shi da kyau, wa'azi ne da zamaninmu yake bukata fiye da zamanin Imam. Hatsarin yana wajen ɗabi'ar 'yan camama, waɗanda da zarar an ce malam sai a kawo gemun auduga, da carbi har gwiwa, da mutum mai haɗamar tuwon sadaka. In kuka bi nan, dariyar ta tashi daga kan jahilci ta koma kan gemu da rawani, kuma abokinku da ya yi ƙorafi ya yi gaskiya. Kada a karkata aya ko kiran salla ko siffar salla don a yi dariya. In Alhaji zai yi Larabcin ƙarya, ya yi da kalmomin kasuwa. Kada a kawo allo mai rubutun Alƙur'ani wurin ɗauka. Kada kuma Zurƙe ko Alhaji ya ari muryar wani malami da ake ganewa, mai rai ko mamaci. Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya gaya wa Nana A'isha ba ya son ya kwaikwayi wani ko da za a ba shi kaza da kaza. Yara suna tashen malamin da ya yi rawa tun muna ƙanana, malamai suna murmushi suna ba su hatsi, don kowa ya san ba da wani malami ake ba.

Littafin kuma yana da masu shi. Imam ya rasu a 1981, dokar Nijeriya tana kare haƙƙin marubuci shekara 70 bayan rasuwarsa, kuma majalisar fiƙihu ta ƙasashen Musulmi ta tabbatar a zamanta na Kuwait a 1988 cewa irin wannan haƙƙi dukiya ce da shari'a ke karewa. Tunda kuɗi za ku samu, ku nemi izinin kamfanin da ke buga shi a Zariya, ku kuma bi ƙa'idar Hukumar Tace Finafinai ta Kano. Sauran sharuɗɗa, na suturar mata da keɓewa da tsayawa salla a wurin ɗauka, kun san su.

Saura maganar mahaifiyarka, wadda ka sa a ƙarshe ba tare da ka yi tambaya a kanta ba. Fuskarka tana yawo a wayoyin mutane, ko ba daɗe ko ba jima wata maƙwabciya za ta nuna mata, kuma jin ta bakin wani zai fi yi mata ciwo fiye da sana'ar. Ka je cikin makon nan, ka zauna kusa da ita, ka gaya mata da wannan kake biyan kuɗin makaranta, ka buɗe mata shafinku ta kalla. Duk bidiyon da ka ga yatsanka yana sauri ya wuce shi don kada ta gani, ka dawo ka cire shi. In ta sa albarka, ka ci gaba. In ta nuna ba ta so, ka lallashe ta, ka sa kawunka ko wani da take jin maganarsa ya yi mata bayani; in ta dage, ka haƙura ka nemi wata hanyar, mai Larabcin aji uku ba zai rasa Islamiyyar da zai koyar da yamma ba.

Allah ne mafi sani.